Kashe fitilar sabis ba shi ne sabis ba

Zare 🧵 Masu mota, direbobi da yaran gareji na Karaye da Rogo, ku matso kusa. A kan 'yar fitilar nan ta sabis zan yi magana, wadda take kamawa a dashbod, a je gareji a danna wani abu ta mutu, kowa ya kama gabansa. Mun mayar da ita abin wasa, kuma injinanmu ne suke biyan kuɗin wasan.

Da farko mu san wacce ake nufi, don mutane da yawa duk abin da ya kama a gabansu "cek injin" suke ce masa. A Toyota 'yar Amurka, irin su Corolla da Camry, rubutu ne: MAINT REQD. A Honda da Peugeot hoton sifana ne. A tsohuwar Golf 3 za ka ga an rubuta OEL, wato mai da Jamusanci.

Fitilar nan ba ta ɗanɗana baƙin man da ke cikin injinka. Ba ta san ko ya yi baƙi ƙirin ko ya tsinke kamar ruwa ba. A Toyota ƙirge kawai take yi. In ka yi mil 4,500 daga ranar da aka mayar da ita sifili, sai ta fara ƙiftawa duk sanda ka tada mota. In ka cika mil 5,000 ta tsaya a kunne. Iyakar aikinta kenan.

Honda daga wajen 2006 ta ɗan fi wayo. Tana lissafa juyawar inji da zafinsa da yanayin tuƙi, ta nuna maka sauran ƙarfin mai: 100%, 60%, 30%. In ya sauko 15% sifana ya fito. Amma ita ma kintace take yi da lissafi. Ka ɗura mata man gyaɗa ka yi riset, 100% za ta rubuta maka, ko kunya babu.

To ka ga ma'anar riset. Kai ne kake gaya wa mota: "Yau na zuba sabon mai, fara ƙirge daga nan." Ita kuma ta yarda da kai, ba ta neman rasidi. Shaida ka bayar, ta rubuta ta ajiye. In ƙarya ka faɗa mata, ƙaryar za ta riƙe har mil 5,000 masu zuwa.

Ɓarnar da ake yi da ita a wajenmu kala biyu ce. Ta farko ta fi ciwo.

Ɗauki motar haya. Mai ita ma'aikaci ne ko ɗan kasuwa, yana Kano ko yana nan cikin gari. Ya ba direba tana lodi daga Rogo zuwa Karaye zuwa Kano, ana kawo masa balas. Rannan fitila ta kama. Direba ya buga waya: "Alhaji, mota ta nemi sabis." Alhaji ya turo kuɗi.

In direban mai amana ne, ya je a yi juye, a canja filta, a yi riset. In kuwa kuɗin sun same shi a matse, ga kuɗin makarantar yara, ga tayar da ya karɓo bashi, sai ya sayi lita ɗaya a yi ciko, yaron gareji ya danna madanni. Ya ɗauki hoton dashbod fes ya tura ta WhatsApp: "An gama, ranka ya daɗe."

Alhaji ya ga hoto, hankalinsa ya kwanta. Kallon kitse yake wa rogo. ('Yan Rogo ku yi haƙuri, haka karin maganar ta zo, ba ni na ƙirƙira ba 😅)

Kada direbobi su taso min, ba ku kaɗai ba ne. Akwai bakaniken da zai karɓi kuɗin galan da filta, ya wanke bayan tsohuwar filtar da fetur ta yi ƙyalli ya mayar. Akwai dillalin da kafin ya nuna mota sai ya bi duk fitilun ya kashe. Akwai kuma mai motar da yake yaudarar kansa da kansa: "Kashe min ita kawai, sati mai zuwa zan yi juye." Satin nan ba ya zuwa.

Me yake faruwa a cikin inji a wannan tsakanin? Baƙin mai ba santsi kawai yake bayarwa ba. Yana kwashe zafi, yana ɗauko dauɗa ya kai wa filta, kuma akwai sinadaran da aka haɗa masa waɗanda suke ƙarewa da aiki. In sun ƙare, man ya fara kauri, ya riƙa daskarewa kamar kwalta, ya toshe 'yar rariyar da famfon mai yake zuƙa ta cikinta.

Daga nan mai ya daina isa inda ya kamata, ƙarfe ya fara cin ƙarfe. Ba a rana ɗaya ba. Za ka fara ganin shuɗin hayaƙi a salansa, mota tana shan mai, da safe tana wata 'yar ƙara kafin ta daidaita. Sai wata rana, fasinja cike, but cike da buhunan masara, an wuce Zarewa an shiga inda babu ko mai faci, inji ya buga.

Sai a ce tsautsayi ne. Sai a ce injinan yanzu ba su da ƙarko. A tafi Ƙofar Ruwa neman wani injin, a ji kuɗin da ya isa a yi juye na shekaru. Mota ta yi wata a gareji babu balas, direba ya koma zaman benci a tasha, zumuncin shekara goma ya lalace a kan galan ɗaya.

Kuma ku tuna da mutanen da ke cikin motar. Akwai mai zuwa asibiti Kano da sammako, akwai ɗalibi mai jarrabawa, akwai matar da ke riƙe da jariri a gefen hanya bayan magariba. Su ba su san an yi wani riset ba, kuɗin mota kawai suka biya.

Kala ta biyu akasin wannan ce, kuma ita ta fi yawa. An yi sabis na gaskiya, amma ba a yi riset ba. Ko bakaniken bai iya ba, ko ya manta, ko ya ce "rabu da ita Oga, haka take." Sai fitila ta zauna a kunne wata da watanni.

Za ka ce to mene ne a ciki, tunda man sabo ne? Abin da yake ciki shi ne ido yana sabawa. Yau MAINT REQD a kunne, ka saba. Gobe cek injin ta shigo, ka saba. Jibi ta ABS, gata ta jakar iska. Dashbod ya koma kamar gidan biki. In ka shiga motar tasha ka leƙa gaban direba ka ƙirga da kanka.

Ranar da JA ta kama, mai hoton 'yar butar mai, ita ma sai a jera ta a layin 'yan uwanta. Alhali ita ba tuni take yi maka ba. Cewa take ƙarfin tura mai a cikin inji ya faɗi, yanzu-yanzun nan. Wannan ba a ce mata "bari mu ƙarasa Karaye." Gangara gefen titi, kashe mota, zaro geji ka duba. Mintuna kaɗan a haka sun isa su cinye inji.

Shi ya sa ni a wajena bakaniken da ya yi juye bai mayar da lissafi sifili ba, bai gama aikinsa ba. Tela ne ya ɗinka maka riga ya miƙo ta babu maɓalli.

Abin haushin ma, a yawancin motocin da muke hawa abin ko minti ɗaya ba ya kaiwa, kuma ba ya buƙatar kwamfuta. Duk wanda ya ce sai ka biya kuɗin "sa kwamfuta" kafin a kashe maka MAINT REQD a Corolla, yi masa murmushi kawai ka karɓi makullinka.

Toyota: murɗa makulli fitilu su kama, kar ka tada inji. Danna madannin mita har ya nuna TRIP A, in tsohon yayi ce kuma a kan ODO ake bari. Kashe. Danne madannin, ka sake murɗa makulli kana danne da shi. Za ka ga 'yan layuka suna ɓacewa ɗaya bayan ɗaya har ya nuna 000000. Saki. An gama.

Peugeot 406, wadda PAN ya yi ta harhaɗawa a Kaduna: mota a kashe, danne madannin mita, murɗa makulli, za ta fara ƙirge daga 10 zuwa 0. Ta kai sifili ka saki, sifana ya ɓace. Honda: nemo inda take nuna ƙarfin mai, danne kamar daƙiƙa 10 har ya fara ƙiftawa, saki, sake dannewa kamar daƙiƙa 5, ya koma 100%.

Na san wani zai ce: "Malam, ai yanzu ka koya wa maƙaryata hanya." Haba. Su sun daɗe da iyawa. Mai motar ne bai sani ba, shi ya sa hoton dashbod yake burge shi. Ranar da Alhaji ya gane ɗan shekara goma zai iya kashe fitilar nan, daga ranar zai daina karɓarta a matsayin hujja.

Hujjar sabis ita ce galan ɗin da aka ɓalle murfinsa a gabanka, da tsohuwar filtar da aka cire aka miƙo maka, da man da ka gani a jikin geji da idonka. In ba ka kusa, bidiyon minti ɗaya ya wadatar: tsohon mai yana zuba, sabon galan, lambar mita. Data ɗin da za ta ci bai kai na abin da muke kallo a TikTok kafin mu yi barci ba.

Yanzu ga inda zan saɓa da masu cewa "ka jira fitila kawai, ai kamfani ya fi ka sani." Lissafin nan da hanyoyin Amurka da Turai aka yi shi, da mai mai inganci. Su kansu kamfanonin, in ka buɗe littafin motar, sun ware abin da suka kira aiki mai tsanani: hanya mai ƙura, kaya masu nauyi, gajerun tafiye-tafiye, barin inji yana aiki a tsaye. Suka ce irin wannan motar a ƙara mata kulawa.

Sake karanta jerin nan ka tuna hanyoyinmu. Ka sauka daga kwalta ka nufi ƙauyukan da ke bayan Turawa ko Fulatan, ko gonakin rani na bakin Dam ɗin Challawa, a watan Janairu. Ga hunturu ga jar ƙasa, motar gabanka ta tada ƙura har ba ka ganin danjarta. Da kaka ga masara, ga rake ana lodawa zuwa wajen Maƙarfi har bayan mota yana neman taɓa ƙasa. A tasha kuma inji yana ta aiki ana jiran "saura mutum ɗaya."

Abin da suka kira mai tsanani, mu shi ne tuwonmu na kullum.

Ƙurar nan ta filtar iska take bi. In filtar ta toshe, mota ta rasa numfashi, ƙarfinta ya ragu. In ta yage, ko an yi ta bubbuga ta ana hura mata iska da ƙarfi har ta huje, ƙurar ta wuce kai tsaye cikin silinda tana gurzar ringi kamar an zuba yashi, ragowar ta gangara cikin mai. MAINT REQD ba ta san ana yi ba. Honda ta rubuta a littafinta cewa a wuri mai ƙura a canja filtar iska duk mil 15,000. Mu sai ta koma kalar bulo.

Sai rikicin mil da kilomita, wanda yake cin mutane shiru. Motar da aka shigo da ita daga Amurka mil take ƙirgawa. Mil 1 kilomita 1.6 ne. Bakanike ya ce "ka dawo bayan dubu biyar," shi kilomita yake nufi a ransa, kai kuma mitarka mil ce. Dubu biyar ɗinka kilomita 8,000 ce. Ka zarce da 3,000 kana ganin kana kan daidai.

Yi lissafi da motar haya. A ce tana cin kilomita 200 a rana. Kwana 25 ta yi 5,000. Kwana 40 ta yi 8,000. Sati biyu cur kenan tsakanin abin da bakanike yake nufi da abin da direba ya fahimta, kuma duk a cikin ƙura.

Motar da mitarta ta mutu kuwa, kuma suna da yawa a tasha, allurar gudu a kwance, lambobi a tsaye tun zamanin mai ita na farko, in fitilarta irin mai ƙirga tafiya ce, ba abin da za ta ƙirga. Shirun da ta yi ba lafiya ba ce. Irin wannan da kwanaki ko da sawu ake lissafa mata, a rubuta a takarda.

Ku ma masu motar gida ba ku tsira ba. Malamin da daga gida sai makaranta, ma'aikacin da daga gida sai sakatariya: sai ka shekara ba ka cika mil 5,000 ba, fitila ba ta ce komai ba. Amma Toyota a motocin nan cewa ta yi mil 5,000 ko wata 6, duk wanda ya riga zuwa. Honda ta ce ko sifana bai fito ba, kar mai ya wuce shekara. Gajeriyar tafiyar da inji bai gama ɗaukar zafi ba tana barin laima da fetur a cikin mai.

Maganar tsada gaskiya ce, ba zan raina wa kowa ba. Tun 29 ga Mayu 2023 da aka cire tallafin fetur, aka kuma saki naira a watan da ya biyo baya, komai na mota ya tashi, har baƙin mai da filta. Direban da yake fama ya sayi fetur ya kuma kai balas, in ka ce masa ya riƙa juye duk wata, kallon wanda bai san rayuwa ba zai yi maka.

To in ma dole ta sa ka jinkirta, bar fitilar a kunne. Bari ta dame ka. Bari Alhaji ya gan ta. Jinkirin da kowa ya san da shi ana iya lissafa shi, a ce "mun zarce da sati biyu, a lallaɓa, a rage lodi." Wanda aka binne da riset babu mai sanin tsawonsa, har shi wanda ya binne ɗin mantawa yake yi.

Masu mota, ku ma ga naku. In kullum balas kake tambaya, ranar da direba ya ambaci sabis ka haɗe rai kamar ya zage ka, to kai kake koya masa danna madanni. Ku ware kuɗin sabis daga cikin balas tun ranar da kuka yi yarjejeniya, ko ka sayi galan ɗin da hannunka ka ba shi.

Tsadar ce kuma ta raya kasuwar man awo, wanda ake ɗurawa a gorar ruwa a bakin titi, ba suna ba lamba. Wani na ƙwarai ne aka rarraba daga duro. Wani ɗanyen mai ne da ba a haɗa masa sinadaran ba. Wani kuwa tsohon juye ne aka tace. Hukumar SON ta sha kama jabun mai a ƙasar nan. Ka zuba irin wannan ka yi riset, mota ta ba shi mil 5,000 cur kamar na ƙwarai.

Af, tunda mun zo nan, leƙa murfin da ake zuba mai a saman injinka. A yawancin 'yan Amurkan nan an rubuta 5W-30 ko 5W-20 a jiki. Kafin a ɗura maka 20W-50 don "shi ake zuba wa kowa," tambayi dalili. Tsohon injin da ya riga ya saki daban, mai VVT-i da ke da siraran hanyoyin mai daban.

Bari in taɓa cek injin kaɗan, tunda kullum ana haɗa su. Ita na'urar motar ce ta ga matsala ta ajiye lamba. Tun 1996 duk motar da aka sayar a Amurka tana da soket mai rami 16 a ƙasan sitiyari, inda ake jona abin karantawa. Yanzu har da wayarka za ka iya, da wani ɗan ƙaramin abu mai Bluetooth.

Goge lambar ba ya gyara komai. In an cire abin cikin salansar nan da ake ce wa indomi, lambar P0420 za ta dawo bayan 'yan tafiye-tafiye ko sau nawa aka goge. Daga nan ne wasu suke zarcewa su cire ƙwan fitilar ɗungurungum, ko su liƙe ta da baƙin tef ta ciki.

Don haka kai mai tara kuɗin sayen motarka ta farko, ga gwajin da ba ya cin ko sisi. Murɗa makulli ba tare da ka tada inji ba. Cek injin, butar mai, batir, ABS, jakar iska, duk sai sun kama. Tada inji, su mutu. Wadda ba ta kama ba tun farko, an toshe mata baki. Ko dillalin ya rantse, tambaye shi ina ta tafi.

Na ƙarshe naku ne, ƙannena da kuke koyon aiki a gareji, don na san da yawanku kuna nan kuna karantawa. In maigidanka ya gama juye, kira mai motar ka yi riset ɗin a gabansa, ka nuna masa yadda ake yi. Ba zai rage maka ciniki ba. Irin wannan ne yake sa mutum ya wuce gareji uku ya zo naka ranar da ka buɗe.

Sannan ka yanki tef ka liƙa a jikin ƙofar direba, ka rubuta kwanan wata, irin man da aka zuba, da lambar mita. A gefen lambar ka sa "mil" ko "km", kar ka bar ta tsirara.

Wanda motarsa ba ta cikin waɗanda na ambata, masu Sharon da Vibe da Benz, ya ajiye sunanta da shekararta a ƙasa, in da hali da hoton dashbod ɗin. Zan bi ɗaya bayan ɗaya da daddare in wuta ta bari. 👇